ANA SON KIƊA, ANA ƘIN MAKAƊI

 Yau dai ba labarin soyayya na zo maku da shi ba irin wanda kuka saba ji daga wurina. Yau faɗa na zo yi, kuma da mu mata zan yi shi. Wadda ta ji maganar ta taɓa ta sai ta yi haƙuri, don ni ma ban cire kaina ba. Hausawa suka ce gaskiya ɗaci gare ta, amma wanda ya ƙi shan maɗaci ai shi da ciwonsa sai zama.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne wani abu da ya faru a gidanmu. Ina da ƙane wanda muke ciki ɗaya da shi. Ya ga yarinya a nan cikin garin Daura ya ce yana so, ita ma ta amince. Magabata suka je, aka karɓe su da fara'a, aka ce su koma za a yi bincike. To, bincike ai haƙƙin iyaye ne, babu mai ja da wannan. Aka bincika ba a same shi da shaye-shaye ba, ba a same shi da wasa da salla ba, ba a ji ya taɓa ɗaukar abin wani ba, kuma yana da abin da zai riƙe mace. Abu guda aka samu: wai mai kaɗa fiyano ne a situdiyo. Kwana uku ba a yi ba sai ga 'yar aike da kayanmu a ka. Saƙon Hajiyar gidan gajere ne. Ta ce su a danginsu ba su haɗa iri da maroƙa.

Ki tsaya ki ji inda abin ya fi ciwo. Shekara biyu kafin nan, ita wannan Hajiya da kanta ta aika aka nemo yaron nan ya haɗa kiɗan waƙar bikin babbar 'yarta. A nan ma ya fara ganin yarinyar. Ina wurin bikin, da idona na ga Hajiya ta cire mayafi ta ɗaure a ƙugu, ta shiga fili tana takawa, ƙawayenta na yi mata liƙi, ana guɗa. Sau uku ta sa aka maimaita waƙar. Hannun da ya kaɗa abin da ya sa ta rawa a ranar, shi ne hannun da ta ce bai isa ya miƙo sadakin 'yarta ba.

Wai shin 'yan uwa, wannan wane irin hali ne gare mu? Mun wayi gari da kiɗa, muna shara da shi, muna wanke-wanke da shi, muna tuƙa tuwo waya na gefe tana yi. Biki bai cika sai an yi wa amarya waƙa da sunanta. A shekarar 2020, lokacin kullen korona, matan aure nawa suka tashi a tsakar ɗaki suna yi wa mazajensu rawa da waƙar Hamisu Breaker, har abin ya zama zance a ƙasa baki ɗaya? Amma da zarar an ce ga wanda ya zauna ya haɗa kiɗan yana neman aure, sai a yamutse fuska kamar an ga kashi a faranti. Wannan ba tsoron Allah ba ne, ba kuma kare mutunci ba ne. Munafunci ne, kuma da sunansa zan kira shi.

Ranar da aka maido kayan, na tarar da ƙanena zaune a zaure shi kaɗai yana kallon wani abu a waya. Na ɗauka zan same shi yana kuka, sai ya miƙo mani wayar ya ce, "Yaya, dubi wannan." Na ga wani dogon Buzu da rawani da babbar riga, ya rataya jita yana kaɗawa da hannun hagu, ga Turawa maƙil a gabansa sai tsalle suke yi. Na ce wane ne wannan? Ya ce ai maƙwabcinmu ne, ɗan Nijar. Daga ranar na shiga bin labarin mutumin nan, kuma shi nake so in ba ku, don ya ishe mu misali.

Sunansa na yanka Mahamadou Souleymane, wato Mahamadu Sulaiman, amma duniya ta san shi da Mdou Moctar. A yankin Tawa aka haife shi. Mu mutanen Daura ba sai an yi mana bayanin Nijar ba. Daga nan zuwa Kwangwalam tafiyar ɗan lokaci ce, kana tsallakawa sai Matamaye, sai Damagaram. Rabinmu muna da dangi a can, kuma duk wanda ya taɓa shiga kasuwar Mai'aduwa ya san yadda muke cuɗanya da su. Saboda haka ba labarin wani Bature na can bangon duniya nake ba ku ba.

Yana yaro ya ga wani shahararren makaɗin Abzinawa mai suna Abdallah Oumbadougou yana wasa, abin ya shiga ransa. Gidansu gidan addini ne, ba su yarda da kiɗa ba, balle a saya mashi jita. Me ya yi? Ya samo katako ya sassaƙa, ya ciro wayoyin birkin keke ya ɗaura, ya zama nan ne makarantarsa. Babu malami, babu littafi. Ya girma ya tafi ci-rani Libiya kamar sauran samarin ƙasarsu, ya sha wuya ya dawo, ya riƙa kiɗa a gidajen biki.

Ga wurin da ya kamata kowace Bahaushiya ta buɗe kunne. Faifansa na farko, wanda ya sa wa suna Anar, ba a Faransa aka ɗauke shi ba, ba a Amurka ba. A Sakkwato aka ɗauke shi, a shekarar 2008, a irin situdiyon nan namu da ake yin waƙoƙin Hausa, da gangar na'ura da abin nan da ke lanƙwasa murya ta riƙa rawa kamar ta waƙoƙin fim. Wato irin ɗakin da ƙanena ke zama a ciki, irin aikin da yake yi, shi ne tsanin farko da wannan mutum ya taka. Faifan bai shiga kanti ba. Daga waya zuwa waya ya riƙa tafiya, wannan ya tura wa wancan ta bulutut, wancan ya kwafa a memori, har ya ratsa sahara ya kai Mali da gaba da nan.

A haka wani Ba'amurke mai suna Christopher Kirkley, mai yawon tattara waƙoƙin da ke cikin wayoyin mutanen sahara, ya ci karo da wata waƙa tasa. Ya sa ta cikin wani faifai da kamfaninsa Sahel Sounds ya fitar a 2011, sannan ya shiga cigiyar mai ita har ya same shi, ya kawo mashi jita irin ta bahagwai. A 2013 aka fitar da faifan Afelan. A 2015 ya fito a wani fim da aka yi a Agadas da harshen Buzaye, labarin wani saurayi makaɗi da mahaifinsa ya tsani sana'arsa. A 2019 ya fitar da Ilana. A 2021 wani sanannen kamfanin faifai na Amurka mai suna Matador ya fitar mashi da Afrique Victime, wanda jaridun can suka sa cikin fitattun faya-fayan shekarar. A 2024 ya fitar da Funeral for Justice, ma'ana jana'izar adalci, kuma a shekarar ya hau dandalin Coachella, ɗaya daga cikin manyan tarukan kiɗa na Amurka.

Irin kiɗan da yake yi shi Turawa ke kira rok, kuma nasa mai zafi ne. Bari in ɗan yi maku bayani yadda ƙanena ya yi mani. Ita jitar lantarki ba ta da kogon ciki irin na garaya ko gurmi da zai sa ta yi amo. A ƙarƙashin wayoyinta na ƙarfe akwai maganaɗisu. In an taɓa waya ta girgiza, sai maganaɗisun ya mayar da girgizar ta zama lantarki, ya aika cikin akwatin ƙara sauti. In aka matsa wa akwatin fiye da ƙima, sai sautin ya dushe ya koma ruri kamar hadari ya taso. Iya sarrafa wannan ruri, a sa shi ya yi kuka, ya yi kirari, ya yi lallashi, shi ne gwanintar. Ba abu ne da ake koya a wata ɗaya ba. Shekaru ake yi yatsu na kanta.

Cikin waɗanda Mdou ya kalli bidiyonsu ya ƙaru da salonsu akwai wani mai suna Eddie Van Halen. An haife shi a Holan a 1955, iyayensa suka koma Amurka yana yaro. Fiyano ya fara koya, sannan ya koma jita, kuma shi ma da hannunsa ya harhaɗa jitar da ya yi suna da ita. Shi ne ya kaɗa jitar nan mai zafi a tsakiyar waƙar Beat It ta Michael Jackson. Ya gina situdiyo a gidansa, yana kaɗa jita, yana kaɗa fiyano, yana haɗa sauti, kuma waƙarsu mai suna Jump, wadda fiyano ke ja, ta zo ta ɗaya a Amurka a 1984. Da ya rasu a watan Oktoba na 2020 duniya ta yi ta maganarsa. Na kawo shi ne don ku ga cewa aikin nan uku, kaɗa tsirkiya da kaɗa fiyano da haɗa sauti, sana'a ce guda mai tushe da reshe, mai malamai da almajirai, kamar ɗinki ko gini.

To, mu koma kan maƙwabcinmu. Me yake faɗa a waƙoƙinsa? Ba ya wasa wani mai kuɗi don a ba shi mota. Yana waƙar soyayya, yana waƙar bege ga Ubangiji, yana maganar haƙƙin mata, yana kokawa kan yadda Faransa ta daɗe tana kwasar yuraniyom a Arlit alhali ƙauyukan Nijar na kwana cikin duhu, yana yi wa 'yan uwansa faɗa kada su yar da harshensu. Rawaninsa na kansa ko a Ingila ko a Amurka. Kuma an san shi da kashe abin da ya samu wajen haƙa rijiyoyi a ƙauyukan da ke fama da ƙishirwa. Mu 'yan garin Kusugu ai bai kamata a tsaya ana gaya mana darajar wanda ya samar wa jama'a ruwa ba. Tarihin garinmu gaba ɗaya a bakin rijiya ya fara.

Ba kuma cewa nake rayuwar tasa hutu ce ba. Lokacin da sojoji suka kifar da gwamnatin Bazoum a ranar 26 ga Yuli 2023, shi da abokan kiɗansa suna Amurka. Aka rufe kan iyaka, suka maƙale a can ba su da hanyar komawa ga iyalansu na wani lokaci. Mu ma nan mun ɗanɗana wannan rufewa, don Kwangwalam ba ta buɗe ba sai a watan Maris na 2024. Su kuwa maimakon su zauna zugum, sai suka shiga situdiyo suka sake ɗaukar waƙoƙinsu da jitar da ba ta lantarki ba, aka fitar da faifan a 2025. Wannan shi ake kira mai sana'a: ko a tsakiyar tashin hankali hannunsa na kan aikinsa.

Yanzu ina tambayar Hajiya da ire-irenta. Da wannan mutum zai turo neman 'yarki yau, yana zagaya duniya, ana biyansa da dala, za ki ce ba ki haɗa iri da maroƙa? Wallahi mu faɗi gaskiya, da yawanmu har gida za mu kai mashi ita. To ashe ba kiɗan ake ƙi ba, talaucin mai kiɗan ake ƙi. Mdou na 2008 da ke zaune a wani ɗan ɗaki a Sakkwato shi za a kora, Mdou na 2024 shi za a shimfiɗa wa darduma, alhali mutum ɗaya ne, jita ɗaya ce.

Na san abin da wasunku za su ce, don an riga an faɗa mani a fuska. Na farko za a ce addini. Ni ba malama ba ce, iyakata sakandare da Islamiyyar dare, kuma ba zan yi wa kowa fatawa ba. Malamai sun yi magana a kan kiɗa, akwai masu tsanantawa ƙwarai. Matar da ta bi wannan fahimta, ba ta saurare, ba ta rawa, ba ta kiran mai waƙa bikin 'yarta, in ta ce ba za ta ba makaɗi 'ya ba, wallahi ba ni da ta cewa, ina ma girmama ta, don maganarta da aikinta sun tafi tare. Faɗana da wadda wayarta ke cike da waƙoƙi ɗari biyu ne, sai ranar da aka zo neman aure ta tuna da Allah. In kiɗan zunubi ne, ai da mai kaɗawa da mai biya a kaɗa mata da mai rawa duk jirgi ɗaya ya kwaso su. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Na biyu za a ce asali. Wai makaɗi maroƙi ne tun kaka da kakanni. Gaskiya ne a da can an jera mutane hawa-hawa, an sa makaɗa da mahauta can ƙasa. Amma ku zo mu duba garin nan namu. Wace hawan Salla aka taɓa yi, wace Sallar Gani aka taɓa yi ba tambari, ba kakaki, ba algaita? Sarautar ma da me ake jin fitowarta? Sannan wa ke kwance a ƙasar Daura tun watan Yuni na 1999? Alhaji Mamman Shata ne. Mutumin Musawa ne, a Kano ya cika, amma nan aka kawo shi aka rufe, garin ubangidansa Sarki Muhammadu Bashar. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa tun 1988, har yau Dakta ake ce mashi. Ɗan Maraya Jos da ɗan kuntiginsa mai tsirkiya ɗaya ya yi wa Hausawa wa'azin zaman duniya har ya koma ga Allah a 2015. Barmani Choge ta Funtuwa, wadda ta rasu a 2013, da ƙwarya ta tsaya tana gaya wa mata su tashi su kama sana'a, iyayenmu na jin ta suna gyaɗa kai. Muna alfahari da waɗannan in sun mutu, muna wulaƙanta masu tasowa suna raye. Wannan wane irin lissafi ne?

Kuma ma kalmar roƙon nan a duba ta. Maroƙi shi ne wanda zai tsaya a ƙofarka ya wasa ka, in ka ba shi ya ƙara, in ka hana ya yi maka zambo. Mai situdiyo fa? Ke kike zuwa wurinsa da ƙafarki. Ku yi ciniki, ya faɗi kuɗinsa, ki ba da kafin alƙalami. Ya zauna ya fara ɗora ganga, ya bi da sauti mai kauri da ke riƙe waƙar, ya ɗora fiyano, ya sa ta kwaikwayi kalangu ko sarewa, sannan mawaƙi ya shiga ya rera, a maimaita sau goma sau ashirin, a yanke nan a gyara can, a daidaita murya kada kiɗa ya danne ta. Wani lokaci sai asuba. Ya saya wa janareta mai, ya biya hayar shago, ya biya yaransa. Ki zo ki karɓi aikinki ki cika mashi kuɗinsa. Don Allah ina roƙo a nan? Me ya raba shi da telan da ya ɗinka maki anko? Tun ƙarshen shekarun 1990 da fiyanon Yamaha ta shiga situdiyoyin Kano, kusan duk waƙar fim da kika taɓa so, irin wannan mutum ne ya haɗa ta. Sunan mawaƙi kowa ya sani, hoton jaruma na kan kowane bango, shi kuwa ko sunansa ba a tambaya. Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi.

Na uku za a ce ai 'yan kiɗa ba su da tarbiyya, ga shaye-shaye, ga bin mata. A nan kam ba zan rufe ido ba, akwai su. Akwai situdiyon da in kin shiga hayaƙi ne zai fara yi maki maraba. Akwai masu yaudarar 'yammata da sunan za a sa su a waƙa. Amma ina tambaya, a cikin direbobi babu mashaya? A cikin 'yan kasuwa babu mazinata? A cikin ma'aikatan ofis babu ɓarayin biro? Mun taɓa jin an maido kayan wani don kawai an ce ma'aikacin gwamnati ne? A'a, shi mutum ake bincika, a bar sana'arsa. To shi ma makaɗi a yi mashi wannan adalcin. Mata nawa ne a garin nan aka ba masu manyan riguna da manyan sunaye, yau suna gidan iyayensu da 'ya'ya uku da takardar saki? Hali ake aure, ba sunan sana'a ba.

Ku ma samari masu kiɗa ban ƙyale ku ba, don na san ƙannenku da matanku za su karanta maku wannan. Wani abin ku kuka ja wa kanku. Yaro ya koyi danna maɓalli uku, ya sato karin waƙar Indiya, ya ɗora, gobe ya ce shi furodusa ne. Wani kuma kakar zaɓe kawai yake jira ya zagi wanda aka ce ya zaga. In kun mai da kanku maroƙa, kada ku ji haushi in an kira ku da sunan. Mdou bai kai inda ya kai don ya iya roƙo ba, ya kai ne don ya zauna da katako da wayar keke har yatsunsa suka san hanya, kuma ya riƙe harshensa da kayan gidansu bai ari na wani ba. Ga garaya, ga gurmi, ga kukuma, ga duma, duk suna neman ɓacewa a hannun tsofaffi. Wa ya hana ku zuwa ku durƙusa ku koya, ku shigo da su situdiyo? Baturen da ya bi sahara yana cigiya ba kwaikwayon kiɗan garinsu ya zo nema ba, abin da babu a garinsu ya zo nema.

Zan rufe da maganar iyaye mata, kuma da Innarmu zan fara, Allah Ya ƙara mata lafiya, na kuma nemi izininta kafin in rubuta. Ƙanen nan nawa yana ɗan shekara tara ya samo gwangwanin kifi, ya huda, ya sa sanda, ya ɗaura waya, ya yi ɗan kuntiginsa. Inna ta gani ta karɓe ta jefa a murhu. Ya sake yi, ta sake ƙonawa, har da dukan da ban manta ba. Sau uku ana haka. Shin ya bari? Bai bari ba. Ɓoyewa ya koya. Da ya gama sakandare ya ce zai tafi Kano koyon gyaran waya, ashe situdiyo ya tare, yana share masu ɗaki, yana sayo masu abinci, yana kwana a kan benci don a bar shi ya taɓa fiyano in kowa ya tashi. Shekara uku ba wanda ya san da wa yake zama, me yake ci, me ake ba shi ya sha. Allah ne kaɗai Ya tsare mana shi, ba dabararmu ba. Yau maganin hawan jinin Inna duk wata daga cikin fiyanon nan yake fitowa, kuma da bakinta ta ce mani, "Da na san haka ne, da a gabana ya koya."

Wannan ita ce maganar da nake so ta zauna maku. Abin da kika hana a tsakar gida ba mutuwa yake yi ba, bayan gida yake komawa, inda idonki bai kaiwa. In kin ga ɗanki na bugun gwangwani, kada ki yi saurin ɗaukar muciya. Ki zauna da mahaifinsa ku yi shawara. Ku sa mashi sharaɗi: makaranta tukuna, Islamiyya tukuna, salla a kan lokaci. Ku san wurin wanda yake koyo, ku san abokansa, ku san irin kalmomin da zai ɗora wa kiɗan. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, amma tanƙwarawa aka ce, ba karyawa ba.

Ke kuma budurwa, in mai wannan sana'a ya zo wurinki, kada ki ruɗe don kin ji ana kiran sunansa a waƙa, kada kuma ki kore shi don tsoron bakin ƙawaye. Ki tambaya kamar yadda za ki tambayi kowa. Yana salla? Yana shan wani abu? Wa ke shiga shagonsa da dare? In wata ya yi ba a samu biki ba, da me za a ci abinci? Yana kula da uwarsa? In amsoshin sun yi, to sun yi. In ba su yi ba, ko ɗan sarki ne ki bar shi.

Yarinyar nan dai an ɗaura mata aure da wani, Allah Ya ba su zaman lafiya, ba mu riƙe ta da komai ba don ba ita ta yanke ba. An ce mani an yi kiɗa a bikin har dare, kuma Hajiya ta taka. Ƙanena yana nan yana aikinsa, kwanan nan ma ya ɗauki yara biyu yana koya masu, da sharaɗin sai sun nuna mashi sakamakon jarrabawarsu duk zango.

Wadda ta ga na yi kuskure ƙofa a buɗe take, ta rubuto mani, zan karanta. Amma kafin ta rubuto ta fara buɗe wayarta ta ƙirga waƙoƙin da ke ciki.

Allah Ya shirya mana zuri'a, Ya ba 'ya'yanmu sana'a ta halal da mazaje da mata na gari, Ya kuma raba mu da raina abin da muke ci da shi. Amin summa amin.

Taku har kullum,
daga birnin Daura.